Zaren da Ban Ƙulle Ba

Ranar da na fita takaba, kan kekena na ɗinki ya cije. Ina tsaye a ƙofar gida na rasa mai kai min shi wurin gyara, sai maƙwabcinmu ya fito da jakarsa zai tafi aiki. Ya ajiye jakar, ya rungumi kan keken har shagon mai gyara, baƙin mai ya ɓata masa farar riga. Allah ya saka masa.

Malamin jami'a ne, masanin tattalin arziki. 'Yan layinmu suna ce masa Malam Canji, don ko gaisuwa aka yi sai ya kawo zancen darajar kuɗi. Matarsa ta rasu, 'yarsa ɗaya tana aure nesa. Shekara ashirin yana rubuta littafi guda, tarihin cinikinmu da ƙasashen waje, da yadda babban banki ke buga kuɗi har su zama takarda. Burinsa a duniya a buga littafin kafin ya mutu.

Da biro yake rubutawa. In babi ya cika sai ya kawo min in ɗinke masa da allura da zare mai ƙwari. Ni aji huɗu na tsaya, Turancin bai karantuwa gare ni, amma na san shafin da ya sha wuya, don zan ga an kankare har takardar ta huje. Yakan ɗaga bakin atamfar da nake yanka ya duba tambarin.

"Tela, ina aka saƙa wannan?"

"Malam, ni ɗinki aka kawo min, ba a ce in tambayi danginta ba."

"To audugarku ce ta je yawo ta dawo da tsada."

Bayan ya yi ritaya ya kai littafin maɗaba'a, ni na riƙe masa rabin ɗaurin. Mai maɗaba'a ya faɗi farashi, Malam ya ce a ba shi shekara. Da shekara ta zagayo muka koma, mutumin ya sosa ƙeya.

"Ranka ya daɗe, takarda daga waje take zuwa, tawada ma haka. Kuɗinmu ya faɗi. Yanzu ninki biyu ne."

Malam ya yi dariya har da tari. "Babi na bakwai ke nan, ɗana. Da ka karanta da ka sani tun bara."

"Ai sai an buga zan karanta, Malam."

Sau uku muna zuwa. Ya sayar da mota, farashin ya riga shi gaba. A na ukun bai yi dariya ba. A hanya ya zauna a kan dakalin wani shago, ya daɗe yana kallon takalminsa.

Daga nan ɓarin jikinsa na dama ya shanye. Ya gwada rubutu da hagu, layin yana gangarowa kamar zai zube daga takardar. Wata bakwai ya yi, Allah ya karɓi abinsa.

'Yarsa ta kai ɗaurin ɗakin karatun jami'a, aka ce babu wuri, sai dai ta dawo bayan hutu. Mijinta ya ce mota ba za ta ɗauka ba. Ta ce, "Inna, ki ajiye min, zan aiko." Shekara shida ke nan. Takardun suna ƙarƙashin gadona a cikin buhu, gara ta cinye babi uku, damina ta jiƙa na ƙasa. Ba wanda ya taɓa tambaya, ni kuma idona ya fara hazo.

Ɗauri na ƙarshe siriri ne, shafi tara. Ranar da ya miƙo min shi bakinsa ya karkace, sai da na matsa kusa na ji.

"Tela, ki ɗinka, amma kada ki ƙulle zaren. Da saura."