Gawon da Na Kashe a Jarida

Shekarar da ruwa ya ɗauke gero yana iya gwiwa, edita ya tura ni garin Isa in kawo labarin fari, da hoto. Ni ɗan birni ne, itacen da na sani shi ne wanda ake hura wuta da shi.

A wata gona kusa da Turba na ga ƙaton gawo tsaye ba ganye ko ɗaya, a tsakiyar damina. Na ɗauke shi hoto, mai gonar, wani dattijo, yana kallona. Aka buga a shafin farko: fari ya kashe har itatuwa. Edita ya yaba mini ƙwarai.

Da rani na koma. Gawon ya yi kore shar, awaki bakwai suna tsintar 'ya'yansa a ƙasa. Na ce, "Baba, ba wannan ne ya mutu ba?"

Ya ce, "Wa yac ce maka? Gawo da damana shika zubda ganye, da rani shi tohu. Shi ka riƙe min da bisashen ga. In babu shi, babu su."

"Me ya sa ba ka gaya mini ba?"

"Ba ka tambaya ba, ɗana. Kuma baƙo kake."

Na ji kunya. Na rubuta gyara, edita ya ce ba mai sayen jarida don itace ya yi ganye. Daga nan na fara yawo da littafin rubutu na biyu, ina tambayar manoma da makiyaya daga Bafarawa har Kurawa sunan kowane tsiro da halinsa. A hankali na biyun ya cinye na farkon, na ajiye aikin jarida.

Fari ya sake zagayowa kafin littafina na itatuwan Gobir ya fito. Na kai wa dattijon kwafi, don babin farko na gawonsa ne. Na tarar da kututture. Ciyawa ta ƙare, makiyaya suka yi ta sassabe rassan, shi ma ya sare na ƙarshe don akuya biyu da suka rage. Su ma ba su kai damina ba.

Ya juya littafin, ya tsaya a kan tsohon hoton. Ya ce, "Da wagga shekara ka zo, da ka hwaɗi gaskiya."