Sunan Yayana a Bangon Makaranta

Na daɗe ina ɗauka cewa dokar da ta ba kowa damar ƙalubalantar rajistar masu zaɓe ta isa ta tsare mu daga maguɗi. Sai aka liƙa sunaye a bangon firamaren unguwarmu a Samaru, gabanin zaɓen ƙaramar hukuma, na ga sunan yayana da hotonsa, alhali ya rasu tun bara.

Na tafi ofishin zaɓe a Sabon Gari don a cire shi. Jami'in ya saurare ni cikin ladabi, sannan ya ce, "Allah ya jiƙansa, Malam. Ina takardar shaidar mutuwa?"

Na ce, "Ranka ya daɗe, a gida ya cika da safe, kafin la'asar mun kai shi makwancinsa. Ni na shiga kabarin na karɓe shi."

"Ban ƙaryata ka ba, amma doka takarda ta sani. Kuma ranar Juma'a za a rufe karɓar ƙorafi."

Na lura bai rubuta komai ba, amma ya sake tambayata lambar rumfar. Har yau ban sani ba ko ƙa'ida yake bi, ko kuwa ni ne na kai masa labarin ƙuri'ar da mai ita ba zai zo ba. Wa'adin ya cika ban samu takardar ba, sunan kuma ya zauna.

Ranar zaɓe na tsaya a rumfar har aka gama ƙirga, ina duban fuskoki ko wani zai zo da sunan yayana. Da gwaggonmu ta rasu a bana, na karɓo takardarta kafin addu'ar uku.