Malama Bahijja Mai Tambayar Sunan Yara

Kafin rana ta yi zafi, Malama Bahijja ta riga ta rataya akwatin rigakafi, ta hau bayan babur ɗin Haladu ɗan acaɓa, sun kama hanyar ƙauyukan Gwiwa. Haka take yi tun tana da ƙuruciya har furfura ta fito, sai bana ta ajiye aiki. Duk gidan da ta shiga, ba ta fara buɗe akwati. Sai ta durƙusa gaban yaro ta ce, "Yaya sunanka?" In ya faɗa, ta juya wajen uwar: "Me ya sa ake kiransa haka?"

Ba dabarar aiki ba ce kawai, son sani ne ya yi mata yawa. Ta san Tanko namiji ne da ya biyo bayan mata, Marka kuwa ana tsakiyar ruwan damina ta zo duniya. A wata ruga ta tsare Arɗo da tambaya har ya gaya mata Dikko ɗan fari ne, Sambo mai bi masa. Wata Bayarabiya mai hidimar ƙasa ta ce mata a wajensu tagwaye Taiwo ne da Kehinde, kuma wanda ya fito daga baya shi ne babba, wai shi ya aiki ɗan'uwansa ya ɗanɗano masa duniya. Haladu ya ce ranar har suka isa Roni tana jinjina maganar, tana cewa, "Ashe Husaini ne ya aiki Hassan!"

Haladun ne ya ba ni labarin wata mata, Sa'adiyya, wadda duk zuwan masu rigakafi sai ta shige ɗaka da 'yarta ta rufe ƙofa. Malama ta yi sallama, ta zauna a bakin ƙofar, ta tambayi sunan yarinyar. Daga ciki aka ce, "Ajuji."

Malama ta san ba a sa wa yaro wannan suna sai uwa ta sha binne 'ya'ya. Akan nuna kamar an yar da shi a juji, ko mutuwa ta raina shi ta wuce.

Ta ce, "'Yata, waɗanda suka riga ta, yaya sunansu?"

Can sai ƙofa ta buɗe. Sa'adiyya ta ce, "Baba, tun da suka rasu ba wanda ya taɓa tambayata." Ta faɗi Muhsin, ta faɗi Zubaida. Sai ta tsaya, ta share hawaye, ta ambaci Rilwanu, ɗan farinta, wanda saboda kunya ba ta taɓa kiran sunansa ba yana raye. Biyu daga ciki ƙyanda ce ta ɗauke su, amma surutun mutane ya sa ta fi tsoron allura.

Malama ta ce, "Rai na Allah ne, ba zan yi miki alkawarin abin da ba nawa ba. Amma ciwon da ya ɗauke miki biyu, rigakafinsa na cikin akwatin nan." Sai Sa'adiyya ta kwance goyo ta miƙa mata yarinyar. Yanzu Ajuji tana firamare, har ta yi ƙanne.

Malama Bahijja, ke ce uwar 'ya'yan wasu, inuwar da ba ta zaɓen mai zama. Ke kika nuna mana cewa bayan kowane suna akwai addu'ar iyaye, ko tsoronsu, ko ranar da ba sa son mantawa. Kin sha rana, kin sha korar masu gida, ba ki fasa sallama ba.

Mun gode, Allah ya saka miki da alheri, ya ba ki lafiyar hutawa. Ku kuma matasan da kuka gaji aikin, ku daina sauri. Ku zauna, ku tambaya, ku saurara. Uwar da ta rufe ƙofa tana da dalili, kuma za ta faɗa wa wanda ya tsaya ya ji.