Ranar da Aka Sa wa Mashayin Rasha Sunan Babana

A kakar shekarar da na shiga aji uku a lakol, wato makarantar boko, ana cikin ɗaurin dammunan gero, motar ma'aikatan lafiya ta iso Gidan Sori da majigi. Tun la'asar ni da ƙannena mata muka gama ɗiban ruwa, muka zuba wa awaki harawa, don kada Inna ta hana mu fita. Bayan magariba aka ɗaura farin ƙyalle a filin lakol, gari ya taru a kan tabarmi.

Fim ɗin tsoho ne tukuf, baƙi da fari, wai daga ƙasar Rasha, kuma ba ya magana. Wani mai gemu ne ke fitowa daga gidan giya yana tangaɗi cikin ƙanƙara, ya sayar da dokinsa, ya sayar da bargon 'ya'yansa. Da yake babu murya, aka nemi mai yi wa jama'a bayani. Baffa Idi ya miƙe.

Baffa Idi aminin babana ne, kwano ɗaya suke ci a zaurenmu. Ban da mu 'yan gida, shi kaɗai ya san cewa Baba ya dawo daga cirani da shan giya. Shi yakan tallabo shi ta bayan danga, Inna kuwa ta ce wa maƙwabta masassara ce. A shekarar nan Baba ya daina, ya koma sahun masallaci, ya cika rumbu da guminsa.

Da mai gemun ya faɗi a bakin ƙofarsa, sai Baffa Idi ya ɗaga murya: "To jama'a, ga Sani nan ya dawo gida!" Fili ya kaure da dariya. Dariyar ta yi wa Baffa Idi daɗi, ya riƙe sunan Baba har ƙarshe. Matar mai gemun da ke kuka a fim ɗin ma ya kira ta Hajo, sunan Inna.

Baba yana zaune a gaba. Ya naɗe buzunsa ya fita. Washegari 'yan ajinmu suka yi ta tangaɗi a bayana, wunin ranar ban shiga gaɗa ba. Da Baffa Idi ya zo zaure yana cewa, "Haba Sani, wasa ne fa," Inna ta aike ni na ɗauke kwanon tuwon daga gabansa. Kafin damina Baba ya sake yin kudu, ya daɗe bai dawo ba.

Yanzu jikokina kowa na kallon nasa fim a waya, ba tabarma, ba mai bayani. Nakan yi kewar lokacin da gari ɗaya ke zama wuri ɗaya. Amma har yau, in na ji taro na yi wa mutum ɗaya dariya, tashi nake yi.