Raɗa daga Bayan Labule

Da ƙarfe huɗu daidai abin ya fara lalacewa. Makarantarmu a Gusau ta shirya wasan kwaikwayo, aka gayyato wani dattijo ɗan Tsafe, wanda kullum shi ke fitowa a matsayin masinja a finafinan majigi, don ya taka rawa a wasan. Ɗoki ya hana ni cin abincin rana, don ni aka ba takarda in riƙa tuna masa maganarsa daga bayan labule. Yana fitowa ya saki rubutun, ya kama nasa. Na yi ta raɗa har da gumi, mutane suna ta dariya. Da aka tashi, na daure na tambaye shi ko laifina ne.

Ya ce, "Ɗiyata, ta hagu kika tsaya. Wanga kunne ya daɗe da barin aiki."