Waƙar dakan uwata a hannun autana

Ban shiga lakwal ba, wato makarantar boko, jikata ke rubuta wannan, kuma na ce kada ta sassauta ko kalma ɗaya.

Autana yana da ɗaki a Zariya inda yake haɗa kiɗan fim da na'ura. Shekara da shekaru ba ya da zance sai na wani tsoho ɗan Japan. Wai mutumin tun yana saurayi yake yi wa finafinan ƙasarsu kiɗa har ya yi furfura. Ya kunna mini kiɗan tsohon. Piyano ne, a taɓa sau uku a tsaya, kamar mai tsintar tsakuwa cikin shinkafa, can sai goge ya biyo a hankali.

"Inna, kin ji shirun nan? Shi ma kiɗa ne."

Na ce to a ba shiru kuɗin aikin.

Wata rana ya roƙe ni waƙar da uwata ke yi a Tsibiri in ana luguden hatsi. Waƙar tsiya ce, ana yi wa malalaciya ba'a, taɓare uku na faɗawa turmi bi da bi. Duk gidanmu ni kaɗai na rage da ita. Na yi masa, ya ɗauka don wani fim.

Bayan fim ya fito na je bikin suna Jiratawa, sai na ji ƴan mata na rera ta a bakin rijiya, suna ja kamar masu zaman makoki. Na ce wa ya koya muku haka? Suka ce a fim ne, wurin da uwar yarinya ta mutu. Ashe ya cire taɓare, ya rage wa muryata gudu, ya shimfiɗa piyanon nan a ƙasa. Uwata da ke waƙar tana dariya har zani na kwance mata!

Da na koma Zariya na sami autana a ɗakin nasa.

"Tsohon naka, waƙar uwarsa ya mayar ta gawa?"

"Inna, shi sauraren ƙasarsu yake, ruwan sama, ƙararrawa…"

"Shi ya saurari tasu. Kai ka saurari wa?"

Washegari na sa aka ɗora turmi a amalanke, na ɗauko ƙawayena biyu da buhun hatsi. Ya ce ƙura za ta ɓata na'ura. Na ce rufe ta da zani. Muka yi lugude har maƙwabta suka leƙo, muka yi ta sau huɗu don numfashina ba kamar da ba.

Fim ɗin ba ya gyaruwa, ya riga ya bazu. Amma na tsaya a kansa sai da ya tura ta gaskiyar a wayar jikokina duka, da ta ƴan matan Jiratawa. Ya so ya bar ɗan shiru a ƙarshe, bayan taɓarya ta faɗi. Na bar masa wannan, don mu ma nan muke tsayawa mu sha ruwa.