Malam Ikrima Yahya da Littafinsa na Shekara Talatin

Haihuwa da Karatu

An haifi Malam Ikrima a shekarar 1951 a birnin Daura, a wani gida kusa da rijiyar Kusugu. Mahaifinsa Sharu Yahya dillalin shanu ne, sunan mahaifiyarsa kuwa Maiturare. Ya sauke Alƙur'ani yana da shekara goma sha uku, sannan ya shiga boko har ya kai jami'a a Kano, inda ya karanci fannin kwatanta addinai, ya kammala a 1978.

Aiki da Aure

Da ya dawo Daura ya kama koyarwa a wata kwalejin horon malamai, sai dai mutanen gari ba su taɓa gane irin karatunsa ba. In ya gifta majalisa sai wani ya ce, "Limamin Lahadi, yau ba a kaɗa ƙararrawa ba ne?" Shi dai sallama yake yi ya wuce. A 1980 ya auri Hadijatu, mace mai ladabi wadda ba ta yi nisa a karatu ba.

Littafin

Daga 1984 ya riƙa bin ƙauyukan bayan Sandamu a kan keke, yana neman tsofaffin Maguzawa, yana rubuta addu'o'insu da yadda suke binne mamaci, yana gwada su da abin da Musulunci da Kiristanci suka zo da shi. Da ajami ya rubuta, da alƙalamin kara da tawadar da yake dafawa da kansa, kowace takarda kuma da Bismilla ya buɗe ta. Kafin 2014 takardun sun kai ɗari shida, tsofaffin nan duk sun rasu, kuma kwafi ɗaya ne tak, a cikin gafaka. Hadijatu ko taɓa gafakar ba ta yi sai da alwala.

Jinya

A 2019 ɓarin jikinsa ya shanye, magana ta ɗauke. Da maganin asibiti ya gaza, maƙwabta suka ba da shawarar a nemi rubutun sha. Hadijatu ta ce, "Wane malami zan nema a waje, ga rubutun Malam da hannunsa?" Kullum da safe sai ta zaro takarda ɗaya ko biyu, ta jiƙa a kwano har tawadar ta narke, ta kai masa baki. Yakan datse haƙora, hawaye na zuba, ita kuma tana lallashi: "Haba Malam, daure mana, ayoyin Allah ne fa." Wata goma sha shida ana haka, sai da 'yarsa Adawiyya ta zo daga Katsina, ta ɗauki wata jiƙaƙƙiyar takarda ta karanta, sannan ta gane littafin mahaifinta ne ake wankewa ana shayar da shi.

Rasuwa

Ya rasu ranar Juma'a, 12 ga Maris 2021, aka yi masa sutura, aka binne shi bayan la'asar. Ya bar mace ɗaya da 'ya'ya huɗu: Jamaluddeen, Adawiyya, Sabiru da Firdausi. Takarda arba'in da uku ce ta rage a gafakar, ba farko ba ƙarshe. 'Ya'yan sun haɗa baki ba za su gaya wa mahaifiyarsu ba. Har yau in an je gaishe ta takan ce, ba don rubutun nan ba, da Malam bai kai wata goma sha shida ba.

Allah Ya haskaka makwancinsa, Ya yafe mana abin da muka yi cikin rashin sani.